Farfesa Abakar, Waye Ya Miƙo Kwalbar Man Gyaɗar?

Zuwa ga Farfesa Injiniya Abakar, malamin jami'a, wanda mu a Kurugu muka sani da Ɗan Chadi.

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, ranka ya daɗe. Ya aiki, ya ɗalibai, ya iyali? Ni ne Ado Bakanike, Likitan Inji, wanda daga Ƙaraye har Rogo in inji ya ji tafiyata yake daina tari. Kai haƙuri da rubutun, ka san hannuna ya fi sabawa da sifana. Na kira wayarka har na gaji, shi ya sa na rubuta inda kowa zai gani.

Na farko. Kai da mahaifinka, Allah ya jiƙansa, kun sauka garinmu daga Chadi da akwati ɗaya da keken ɗinki. Hausarka kaf ba ta wuce "ruwa" da "na gode" ba. Mai unguwa ya ce sai an sami mai tsaya muku, Babanmu ya ce shi ne mai masaukinku, duk abin da kukai a tambaye shi. Tabarma ɗaya muka kwana ni da kai shekara da shekaru. Ni na koya maka Hausa, har da zagin, kuma a zagin ka fi saurin ɗauka.

Na biyu. Ni ne mutum na farko da ka taɓa zanawa, da gawayi, a bangon zaurenmu. Kunnuwa faka-faka, ga wushirya, ga hula a karkace. Da kana karatun injiniya ka kai wannan fuskar jarida, ka sa mata suna Ɗan Kurugu, duk sati ana dariya. Ban taɓa jin haushi ba. Yanka nake ina mannawa a rumfata, ina ce wa masu kawo gyara su kalli mutumin da ya fi gwamna fitowa a jarida.

Na uku, kuma shi ne ya hana ni sukuni. Bana malaman gona sun zo da sabon injin ɓarar gyaɗa da aka ce kai ka ƙirƙira, haɗe da ɗan littafin yadda ake kula da shi. Na karɓa da murna, ina cewa ɗakinmu ɗaya da mai wannan aikin. Ina buɗewa sai ga ni, kunnuwa da wushirya da komai, ina ɗura wa inji man gyaɗa, hayaƙi na tashi. A ƙasa an rubuta: Kada ka kai injinka wajen irin wannan.

Farfesa, nan ba birni ba ne. A birni zane ne kawai. A nan kowa ya san mai kunnen. Alhaji Sani na Beli, wanda ni nake duba masa injin niƙa tun kafin ya zama Alhaji, ya wuce ta gaban rumfata da injinsa a kan kurar ɗaukar kaya, ya ɗago min hannu ya ce yau ba soye yake so ba. Nai dariya, don ka san ni. Amma kaka ta zo ta wuce, lokacin da nake rasa wajen aje ƙafa saboda injina, ni kuwa ina zaune ina goge sifana mai tsabta. Mutanen Rogo Ruma ma sun sauya hanya. Shekara talatin ina wannan sana'a, ba injin da ya taɓa mutuwa a hannuna in ban da guda ɗaya.

Na huɗu. Wannan guda ɗayan, bari in tuna maka shi. Injin niƙan Babanmu ne. Ya tafi ɗaurin aure ya bar mu, baƙin mai ya ƙare, mata sun jeru da ƙwaryar dawa. Waye ya ce ai mai duk mai ne, ya karanta a makaranta? Waye ya shiga madafin Inna ya ɗauko kwalbar? Ni dai na zuba, ban musa ba. Garin duk ya ɗau ƙamshin ƙuli-ƙuli, zuwa la'asar injin ya ƙame. Da Baba ya dawo, ka kama rigata, ka ce in aka ji kai ne za a ce baƙi sun fara ɓarna, a kore ku. Na ce ni kaɗai nai. Ni na sha tsumagiyar, shaidar tana nan a gadon bayana. Ko matata ban taɓa gaya wa ba. Mu biyu muka san gaskiyar zancen nan a duniya, sai ga shi ka buga shi ka raba wa manoma, ka cire kanka.

Robar tsohuwar taya da ka sa a cikin injin don kar ya farfasa ƙwaya, wadda ake ta yaba maka, a rumfata ka ganta shekarun baya da ka zo hutu. Wannan na bar maka, kyauta. Ina da irinta a kai sun fi buhu.

Abin da nake nema ba yawa. A janye wancan shafin daga littafin. Sannan ka zo Rogo ranar kasuwa, ka tsaya a rumfata, ka faɗa da bakinka cewa Ado ya san aikinsa. Mutanenmu in farfesa ya faɗa sun yarda, haka suka yarda da zanen. Shayin ni zan saya.

In kuma ka ce zanen ya riga ya tafi, ba ya gyaruwa, to a bugu na gaba ka ƙara mutum ɗaya a gefena: siriri, mai dogon wuya, da kwalba a hannu. Ka iya zana shi, kullum kana ganinsa a madubi in za ka sa hula.

Allah ya ƙara maka ɗaukaka, ya raya zuri'a, ya jiƙan iyayenmu biyu da suka zauna lafiya a zaure ɗaya. Ɗakin yana nan, ban ba kowa ba.

Wassalam.

Naka, Ado Bakanike, Likitan Inji.