Hannun Mai Zuba Giya

Litinin, 3 ga Maris
Yau ma hannuna ya yi karkarwa. Ina shafa wa burodi man shanu, wuƙa ta hau ƙwanƙwasa faranti. Matata Waltraud ta ɗago kai, na ce sanyi ne. Sanyi, a ɗakin da har gumi nake!

Laraba, 5 ga Maris
Shekara da shekaru ni ne mai gidan giya a shirin 'yan sandan nan na talabijin. Ba wanda ya san sunana. A jirgin ƙasa sai dai a ce, "Kai, ba kai ne mai zuba giyar nan ba?" Aikina ke nan: in zuba, in goge kantar shagon, in ce ban ga kowa ba. Mai zuba giya da hannu na karkarwa, wa zai riƙe shi? Tsoro nake ji, tsoro na gaske.

Talata, 11 ga Maris
Ɗaukar shiri a birnin Kolon. Ɗan sanda na tambayata kan gawar da aka tsinta bayan shagona, sai hannun dama ya tona min asiri a gaban kyamara, giya ta malale kan kanta. Frauke, sabuwar darakta, sa'ar 'yata, ta tsayar da aiki ta taho. Na ce shi ke nan, an gama da ni. Sai ta rungume ni. "Eckhard, tsohon ƙwaro! Ka gani? Mutumin nan ya san wani abu!" Ta ɗauka da gangan na yi. Wai za a ƙara min magana a labarin.
Na shiga bayi na yi amai.

Juma'a, 14 ga Maris
Waltraud ta ja ni wurin likita, tana cewa: "Tun muna matasa nake kallon wasanka, Ekke. Ni za ka yi wa?" Likita ya faɗi sunan ciwon. Ba zan rubuta shi nan ba.

Lahadi, 23 ga Maris
Ƙwayoyin da likita ya ba ni sun kama. Na sha miya da cokali, ko ɗigo.

Alhamis, 27 ga Maris
Ragowar wancan zaman da ɗan sanda. Na zuba giya lafiya lau. Sai Gudrun, mai lura kada hoton yau ya saɓa da na baya, ta ɗaga yatsa: "Ran nan hannunka na karkarwa. Dole ya zo daidai." Na kwaikwaya. Na sake. Frauke ta ɓata fuska. "Wannan wasa ne, Eckhard. Na ran nan nake so. Ina ya tafi?" An ɗage sai gobe. Na ji tana tambaya ko za a iya yanke wurin gaba ɗaya.

Juma'a, 28 ga Maris
Waltraud ta miƙo ƙwayar safe, ta tsaya har na kurɓi ruwa. Ban haɗiye ba, ƙwayar tana cikin aljihun kwat ɗina. Ta jiya da yamma ma. Na yau ne kawai.
Ina cikin jirgin ƙasa, hannun na kan gwiwata, shiru. Sai kallonsa nake, gabana na faɗuwa kada karkarwar ta ƙi zuwa.