Rasuwar Sista Yagana da Kabad ɗin da Aka Kulle

Cikin alhini da karayar zuciya, tare da miƙa wuya ga hukuncin Ubangiji, Ƙungiyar 'Yan Mata Masu Sikila ta Yerimaram, Potiskum, ta samu labarin rasuwar uwarta kuma majiɓinciyarta, babbar jami'ar jinya, Hajiya Yagana Zarami, wadda mu muke kira Sista Yagana, sakamakon hatsarin mota a hanyar Fika. Innalillahi wa inna ilaihi raji'un.

Marigayiya ta shafe shekarun aikinta a wani asibiti da ke cikin garin nan, wanda ba za mu ambaci sunansa ba saboda mutuncin makoki. Ita ta tsinto mu ɗaya bayan ɗaya a kan bencin jira, lokacin da kowacce ke ɓoye ciwonta kamar abin kunya, ta ce mu haɗu mu zama ƙungiya. Mace ce mai sanyin hannu, irin wadda na ɗauka a littafi kawai ake samu. Idan ta riƙe hannunki sai ki ji kamar ciwon ya ja da baya don kunyarta. Ni da nake wannan rubutu ban taɓa iya ɗaga ido na gode mata ba, kullum sai in ce sai wani zuwan.

Babban abin da za a tuna ta da shi, shi ne 'yar na'urar nan da ake maƙala wa a yatsa ta nuna yawan iskar oksijin da ke jini. Masu tallafin da suka kawo ta sun zo da ƙa'ida: duk mai sikilar da ta zo da zazzaɓi ko ciwon ƙirji, a gwada ta tun daga bakin ƙofa kafin ta hau layi, domin ƙirjinmu kan fara toshewa alhali muna zaune muna hira. Da aka kira bita kan amfani da ita a Damaturu, sai aka tura manya masu zaman ofis, waɗanda rabonsu da taɓa majiyyaci har sun manta. Suka dawo suka jera na'urar a kabad mai gilashi kamar jeren amarya, ba a fito da ita sai ranar da baƙi za su zo ɗaukar hoto. Sista Yagana ce ta yi ta naci har aka ba ta, ta riƙa yawo da ita a aljihun farar rigarta. Ta roƙi a mayar da gwajin aikin yau da kullum kamar gwajin zafin jiki, a koya wa kowane nas, a riƙa ambatonsa wajen miƙa aiki. Aka ce mata ana dubawa. Abokan aikinta kuwa suka raɗa masa suna abin Yagana, in ba ta nan sai su ce mu dawo ranar da take aiki.

Muna sanar da jama'a cewa ko sadakar uku ba a yi ba aka karɓo na'urar daga kayanta, aka mayar kabad, aka kulle. Washegari 'yar'uwarmu Fiddausi Jalo ta zo a keke napep tana dafe da ƙirji, aka ce mai makullin ya tafi gidan makokin Sista, aka ba ta farasitamol aka sallame ta. A yanzu haka tana kwance a wani asibitin da robar oksijin a hanci, likitoci sun ce a yi ta addu'a.

Don haka, da dukkan ladabi ga mai girma shugaban asibitin, da mai girma shugabar ma'aikatan jinya, da sauran manyan da suka cika tabarmar makoki da manyan riguna da ƙamshin turare: mun ji ana shirin rubuta sunan marigayiya a saman ƙofar ɗakin da ake duba mu, har an nemi mu zo mu rera waƙa. Ba za mu zo ba. Wallahi ba ma so. Kun bar mace ɗaya da kayan da ya kamata kowa ya sa wa hannu, kuna yabonta a gaban baƙi kuna yi mata dariya a bayan ido, yanzu kuma za ku binne aikin tare da ita ku kafa allo a kai.

Ƙungiya na miƙa ta'aziyyarta ga maigidanta, Alhaji Halliru Abbas, da 'ya'yanta Amir da Sauda, da ɗaukacin zuri'ar Zarami. Allah Ya jiƙanta, Ya haskaka kabarinta, Ya sa hannun da ta yi jinya da shi ya zame mata sheda ranar gobe ƙiyama, Ya ba ku juriyar wannan babban rashi. Ku sa Fiddausi a addu'arku.

Ranar Alhamis ranar asibitinmu ce. Za mu zo gaba ɗayanmu mu tsaya a bakin ƙofa, kowacce ta miƙa yatsanta ga duk nas ɗin da ke bakin aiki, ba kuma za mu hau layi ba sai an gwada mu. Idan an ce mai makullin ba ya nan, za mu jira shi. Mu mun saba da jira, ƙirjinmu ne bai saba ba.

Khaulat Sharfaddeen
Sakatariyar Yaɗa Labarai
Ƙungiyar 'Yan Mata Masu Sikila ta Yerimaram, Potiskum, Jihar Yobe