Waƙar da Kike Lallashin Jikarki da Ita

Assalamu alaikum Mama,

Ina fatan kuna lafiya. Ya ƙafar Baba? Ya Yaya da iyalinsa?

Ni lafiya lau, kada ki damu, aikin na zaune ne. Kunne ne kawai ke ɗan ciwo. Wuni nake ina sauraron abin da mutane ke ɗorawa a intanet, ina goge waƙoƙin masu kashe mutane da sunan addini. Wayo gare su, Mama. Sai su ƙara wa waƙar sauri, su ɗora ta kan bidiyon girki, na'ura ta kasa gane ta.

Jiya na buɗe saƙon muryarki, na ji kina lallashin jikarki da wata waƙar Larabci. Gabana ya faɗi. Ita na wuni ina gogewa. Ba addu'a ba ce, Mama, samari take kira su bar gida su ɗau bindiga.

Don Allah ki daina rera ta. Ki kuma gaya mini inda kika same ta. Ina tsoron amsar, domin Yaya kaɗai ke sa miki waƙa a waya.

Allah ya tsare mana shi.

'Yarki