Inna, Lis Ɗina Ya Ƙi Karɓar Iya Hajo

Assalamu alaiki Inna, tare da fatan kina cikin rahamar Ubangiji.

Aikin ordinatar nan, wato kwamfuta, da kika rasu ba ki gane kansa ba, yau zan yi miki bayaninsa, ko da yake kunya ce ta kawo ni.

Koperatif ɗin manoman shinkafa na nan Gaya suka ba ni aikin program na rabon ruwan ban-ruwa. A aikinmu, kafin ka zuba komai cikin lis, wato jerin sunaye, sai ka faɗa wa na'ura irin abin da zai shiga, kamar yadda kike ware buhun gero da na shinkafa. Daga nan duk abin da ba irinsa ba, ba za ta karɓa ba.

Ni kuwa, gwanin boko, na rubuta cewa lis ɗin na "Maigida" ne. Mata na sa su a wani iri daban, "Iyali", ƙarƙashin mazajensu. Ko tunani ban tsaya yi ba.

Sai ga Iya Hajo, wadda gonarta ke maƙwabtaka da taki a fadama. Mijinta ya rasu bara, ita ke noma da hannunta. Na yi na yi in ƙara ta, lis ya ƙi. Mutane na jira a baya, sai na ce mata na'ura ce ta ƙi. Ta yarda, har ta yi mini addu'a.

Inna, ni da na tashi ina ganin ki cikin taɓo har gwiwa bayan rasuwar Baba. Kina cewa ruwa bai san gonar namiji ba, bai san ta mace ba. Da ke ce kika zo gabana ranar nan, da ke ma na kore ki.

Na koma na canza kalma ɗaya, "Maigida" ta zama "Manomi", na ƙara sunanta, ta shiga ba gardama. Amma zagayen ruwa ya riga ya wuce, dashenta ya bushe.

Jiya ta aiko mini da busasshen kifi, wai ta ga ƙoƙarin da na yi mata. Yana nan rataye a ƙusa, na kasa ci. Gobe zan je gidanta in faɗa mata ba na'ura ba ce.

Allah Ya haskaka makwancinki, Ya ba ni bakin faɗa.

Ɗanki,
Isufu