Mintunan da Aka Soke

Gyaɗi-Gyaɗi, Kano
Watan Satumba

Mama,

Ina gaishe ku cikin sunan Ubangiji. Yaya jiki, yaya gwiwar? Yaya mutanen Kagoro da ruwan bana? Mu dai lafiya lau. Ɗanku Nathaniel sai ƙiba yake yi, yana ɗora wa girkina laifi.

Tunda kun ce waya ba ta ajiye magana, ga labarin aikin da na samu a rubuce. Hukumar Gwajin Lokaci ta kafa na'urarta a mahaɗar titin unguwarmu, inda direbobi ba sa jin magana. Idan aka yi mummunan haɗari, sai a mayar da lokaci baya kaɗan, gwargwadon tafasar ruwan shayi, a tare motar kafin abin ya faru. Har mutanen unguwa sun raɗa mata suna, wai A-Sake. Mu uku ne shaidu, muna zama a wani ɗakin gilashi a bakin titi. Shi kaɗai ne mayarwar ba ta taɓawa, don haka mu kaɗai za mu tuna abin da aka soke. Kowannenmu da maɓalli a gabansa, sai mu ukun duka mun danna ake mayarwa, kuma doka ta ce sau ɗaya tak.

Har yau ba mu taɓa dannawa ba, zaman kallon titi kawai muke yi. Ɗanku kuwa kullum da rana sai ya taso daga makarantar da yake koyarwa a Tarauni, ya tsallako ya miƙo mini abinci ta taga, yana roƙona wai in taimaka in mayar masa da gashin kansa.

Ku gaishe mini da matan zumunta. Allah ya bar mana ku.

'Yarku,
Ruth


Gyaɗi-Gyaɗi, Kano
Watan Nuwamba

Mama,

Ina gaishe ku, da fatan kun koma gida lafiya. Yaya ƙarin haƙuri? Kuna samun barci? Ni dai ga ni nan.

A wurin jana'izar Nathaniel kun tambaye ni ko ya ce wani abu, na ce a'a. A wurin kowa haka ne. A wurina ba haka ba ne, kuma na kasa faɗa a gaban mutane.

Ran nan ya tsallako titi lafiya, Mama. Ya iso tagata da ledar abinci. A nan na gaya masa abin da likita ya tabbatar mini da safe, cewa ina da ciki, bayan duk shekarun da muka yi muna jira. Ya ajiye ledar a ƙasa ya kama ƙarfen tagar, yana dariya yana hawaye. Ya ce, "Kada ki gaya wa Mama a waya. Ni zan faɗa mata da Kirsimeti, ina so in ga fuskarta."

Bai rufe baki ba motar 'yan makaranta ta yi karo da tifa a gabanmu. Ba zan rubuta muku abin da na gani ba. Abokan aikina suka danna, ni ma na danna, ban tsaya tunani ba.

Sai na ga babu kowa a tagar. Yana can tsallake da ledarsa, bai san komai ba, yana neman hanya. Ma'aikatan hukumar suka tare motar yaran, ta ci birki, mai adaidaitan da ke bayanta ya kauce mata, ya buge Nathaniel a tsakiyar titi. Na yi ta danna abin nan har yatsana ya fashe. Malam Lawan, abokin aikina, shi ya riƙe mini hannu yana kuka, yana tuna mini ba a yin na biyu.

Yaran duka suna raye. A cikinsu akwai Sadiya, 'yar maƙwabciyarmu, ita ce take kawo mini kunu kullum, ba ta san komai ba. Wani lokaci in rungume ta, wani lokaci in kasa kallonta. Allah ya gafarta mini.

Ga abin da ya sa na rubuto. Doka ta ce da zarar an gama bincike sai an goge wa shaidu mintunan da aka soke, don kada abin ya taɓa mana hankali. Na roƙe su su bar mini ko da hirarmu ta taga, na je har gaban shugabar hukumar. Ta yi kuka tare da ni, amma ta ce ba a tsinkewa, da ihun yaran da dariyarsa a haɗe suke. Gobe da safe ne.

Daga gobe zan riƙa cewa ya tafi bai sani ba, kuma zan yarda da hakan har zuciyata. Zan zo Kirsimeti. Idan kuka ji na faɗi haka, kada ku miƙo mini takardar nan, ku zaunar da ni ku gaya mini da bakinku. Ku ce ya sani, Ruth, kuma ya yi murna.

Ku yafe mini da ban bari shi ya faɗa muku ba.

'Yarku har kullum,
Ruth