Zabin Neman Gafara

Hunkuyi, daren Laraba, farkon kaka.

Yau ma alƙali ya ɗage shari'armu da jami'a. Jarrabawar ƙarshe da ya kamata mu rubuta tun kafin damina, ga shi har an fara girbin masara babu labarinta. Na dawo a gajiye, na tarar Baba ya riga ya ji komai a majalisa.

Ko gaisuwata bai gama amsawa ba ya ce, "Ashe har da kai a masu kai malamansu ƙara? Wanda ya koya maka ko harafi ɗaya ne, ka tsayar da shi gaban alƙali? To ina albarkar karatun?"

Na ce, "Baba, ba malamai muka kai ba, hukumar makaranta ce."

Ya ce duk malamai ne. Da kansa ya kamo zabi biyu, ya ɗaure musu ƙafafu, wai gobe in kai can in nemi gafara.

Ban iya yi masa musu ba. Ga su nan bakin ƙofata sai kuka suke. Mutanen da suka cinye min shekara guda, ni ne kuma zan kai musu nama.