Hannun da Ka Ɗaga Aka Kori Baffana

Zuwa ga sanyin idona, inuwar kukata da tsakar rana, ruwan farkon damina da ƙasa ke jira baki buɗe, Surajo nawa,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa, kada ka nemi zuma a takardar nan, yau babu. Ina sonka, wannan ko makaho ya shafa ya sani, amma wallahi tun ranar Juma'a zuciyata ke tafarfasa kamar kwaltar Doha a tsakiyar bazara. Me ka aikata haka, Surajo? Wane irin barci ka yi bayan ka ɗaga hannu a taron shugabanni aka cire kwalejin su Baffa Ɗanbaba daga gasar kokawa?

Ko ka manta yadda gasar nan ta faro? Ni ban manta ba, don ni ke ɗaure muku targaɗe. Ɗalibai ne 'yan ƙasarmu 'yan ƙalilan a nan Doha, kewar gida ta ishe su, suka share wani fili mai rairayi a bayan gidajen unguwar Old Airport. Ku 'yan kwalejin injiniya, da 'yan shari'a, da mu 'yan kiwon lafiya da muka fi kawo bandeji a kan 'yan wasa. Daga baya 'yan kasuwanci suka shigo, har Sudanawa suka riƙa zuwa kallo suna ihu da yarensu. Sai korona ta zo ta watsa taro. Da aka buɗe gari, 'yan shari'a suka ce karatu ya yi musu yawa, 'yan kasuwanci kuwa suka koma wata gasa mai katifu da na'urar sanyi, ko sallama ba su yi mana ba. Ka tuna yadda kake zama a bakin filin kai da ƙuda? Wa ya zo a lokacin? Wa ya zo, ya hasken raina? 'Yan kwalejin yamma ne, masu gadi da direbobi da ke koyon sana'a bayan tashi daga aiki. Baffana, ƙanin mahaifina, mai gadin wani bene a West Bay, shi ya tattaro su. Su sauko daga aiki ƙafa a kumbure, su cire takalma, su faɗa rairayi suna kirari kamar a dandalin garinsu. Da su aka sake jin tafi a filin nan!

Kuma a hannunsu na same ka. Ranar da Mas'udu direba ya ɗaga ka ya maka da ƙasa kafaɗarka ta goce, wa ya goya ka zuwa mota in ba Baffa ba? Ina biye ina tallafe da hannunka, gumi na zubo maka, kana cije leɓe, amma sai da ka kalle ni ka ce in dai ni zan riƙa ɗaurin, gobe ma a kayar da kai. Baffa ya yi kamar bai ji ba. Ni kuwa na ji, har yau ina ji. A ranar ka tsiro a zuciyata kamar dabino a bakin rijiya, babu iskar da ta isa ta tumɓuke ka.

To yanzu waɗanda suka gudu sun ga fili ya cika, sun ce za su dawo, amma sai an sallami 'yan kwalejin yamma, wai ba cikakkun ɗalibai ba ne, wai suna zubar da darajar gasa. Kai! Ashe daraja a katifa take? Taro ya rabu biyu, ido ya dawo kanka a matsayinka na shugaba, kai kuma ka ɗaga hannu. Da na kira ka ina kuka, sai ka ce mini ci gaba ake nema, khalas, magana ta ƙare. Ni za ka ce wa khalas, Surajo? Wanda ya tsere ranar wuya shi ka shimfiɗa wa tabarma, wanda ya tsaya ka nuna masa ƙofa?

Ba ka waiwaya ba ranar Juma'a a filin gasa, ni na waiwaya. Baffa na tsaye a bayan wayar da ta kewaye filin shi da yaransa, bai ɗaga murya ba, bai nemi a buɗe masa ba. Da ɗan kwalejinku ya yi kaye, shi ya fara tafi. Da muka koma gida a unguwar Fereej Abdel Aziz, matarsa Inna Shakira ta ajiye masa tuwo har ya huce bai taɓa ba. Na buɗe baki zan faɗi abin da ke raina game da kai, ya tsawata mini, ya ce ba a aibata mutumin da zai zo neman aurena a gabansa. Wannan ce ta fi ƙona ni! Kai ka kore shi, shi yana kare maka mutunci. Da wace fuska za ka turo manyanka wurinsa, alhali shi ne waliyyina a ƙasar nan?

Ya tauraron asubata, ina roƙonka don Allah da darajar abin da ke tsakaninmu, ka sake kiran taro. Ka miƙe a gaban kowa ka ce gasar nan ba ta zubar da wanda ya raya ta. Mai son dawowa ya dawo ya tarar da su, wanda ba zai iya ba Allah ya raka taki gona. Amma kafin taron, ka je ƙofar Baffa da ƙafarka, ba ta waya ba, ka durƙusa.

Ba zan rabu da kai ba, kada ma ka sa wannan a ranka. Ko teku ta ƙafe a bakin titin Kornish, ni taka ce. Sai dai ka sani, daga Juma'ar nan akwatin bandejina yana wurin 'yan kwalejin yamma, duk inda suka sami rairayi can za ka same ni. In kana son ganin fuskata a sake, ka shigo da su, sai in shigo a bayansu.

Taka har ƙasa ta rufe mini ido, mai fushi da kai kuma mai ƙaunarka,
Haulatu